Filin Ku Tambaya: Wai da gaske Sarkin Faransa ya gina wa lemo gida?

Assalamu alaikum masu karatu. Wannan makon saƙonni huɗu na zaɓo kuma duk akan lemo suke, na farkon shi ya fi cin wuri dan haka kuyi haƙuri da tsawonsa.

TAMBAYA: Malam barka da aiki. Ni ɗan kasuwa ne a 'Yan Lemo ta Na'ibawa, shekarata wajen talatin ina sauke kaya daga Binuwai. Rannan yarona ya nuna min wani bidiyo a waya wai wani sarki a Faransa ya gina wa bishiyoyin lemo katafaren gida har da tagogi, ana shiga dasu ana fito dasu. Nace masa ƙarya ce irin ta intanet, mu da wata rana kwando-kwando muke zubar da wanda ya ruɓe. Dan Allah a warware mana.

AMSA: Alhaji yaronka yayi gaskiya, ginin yana nan har yau kuma har yanzu aikin da aka gina shi dominsa yake yi. Sarkin shine Louis na 14, wanda ya hau mulki a 1643 yana ɗan shekara 4 ya kuma zauna akai har 1715, wato shekara 72. Fadarsa tana Versailles, kusa da birnin Faris, kuma a 1682 ne ya kwashe fadawa da gwamnati gaba ɗaya ya maida su can. Tun 1663 akwai wani ƙaramin gidan lemo a wurin da magini Louis Le Vau yayi, amma da abin ya ƙaru sai sarki yasa Jules Hardouin-Mansart ya gina babba tsakanin 1684 da 1686. Idan ka duba jerin sarakunanmu lokacin Sarkin Kano Dadi ne na gidan Kutumbawa yake kan gado.

Bari na baka girman wurin dan ka auna da idon ɗan kasuwa. Zauren tsakiya kaɗai tsawonsa ya haura mita 150, tsayinsa zuwa sama mita 13, kaurin bangon kuwa mita 4 zuwa 5, ga wasu zaurukan biyu a gefe da gefe ƙarƙashin wasu manyan matattakala. An tura bayan ginin cikin tudu, fuskarsa kuma tana kallon kudu saboda a can ta kudu rana take bi lokacin sanyi, tagogin gilashinsu ninki biyu ne. Duk wannan wahalar dalilinta ɗaya, sanyi. Lemo ɗan ƙasar zafi ne, da zarar sanyi ya kai inda ruwa ke daskarewa ganyensa da 'ya'yansa sun fara ƙonewa, idan abin ya daɗe bishiyar ma ta mutu, kuma a arewacin Faransa hakan duk shekara ne. Kaurin bangon nan da tagogin su suke riƙe ɗumin ciki kada ya sauka ƙasa da digiri 5. To shine basa shuka shi a ƙasa, a cikin manyan akwatunan katako suke dasawa, idan watan Mayu yayi a fito dasu fili a jera, wajen Oktoba a sake kwashe su a maida ciki, bishiya sama da 1,000 fa ake wa wannan jigilar, lemo da lemun tsami da rumman da su dabino, wasu daga cikin na yanzu sun haura shekara 200. Kai da ka san wahalar sauke mota ɗaya a Na'ibawa ka ƙiyasta ma'aikatan da suka riƙa jan waɗannan akwatuna lokacin babu injin ɗaga kaya irin na yau.

Abin da zai fi baka mamaki Alhaji, yawancinsu ba lemun sha bane. Irin mai ɗaci ne wanda Larabawa ke kira naranj, ko ka bare bazaka iya shanye ɗaya ba. Furen suke so, fari ne ƙanana mai ƙamshin gaske, sai kuma ganyen da baya kaɗewa duk shekara a ƙasar da in sanyi yazo duk bishiya tsirara take komawa. Masu lambun sarki har dabara suke da ita, su hana bishiya ruwa har ta fara laushi sannan su dawo mata dashi sai ta ɓarke da fure, da haka suke samun mai fure a lokacin da ba nata ba a kai cikin fada. A babban zauren madubai na fadar, tukwanen da ake saka lemon na azurfa ne zalla. Kuma an ruwaito cewa da sarkin ya tsufa turaruka suka riƙa sa masa ciwon kai, ƙamshin furen lemo ne kawai yake iya jurewa.

Yadda ya fara tara su ma labari ne. Yana da wani mai kula da baitulmali sunansa Nicolas Fouquet, mutumin ya gina gida na ƙasaita a Vaux-le-Vicomte, ranar 17 ga Agusta 1661 ya shirya walima ya gayyaci sarki, sarki a lokacin saurayi ɗan shekara 22 ya zo ya ga bawansa ya fishi gida da lambu. Ranar 5 ga Satumba aka kama Fouquet da zargin cin dukiyar gwamnati, a kurkuku ya mutu a 1680, sarki ya kwashe itatuwan lemon gidan, ya haɗa da maginin da mai zanen da mai tsara lambun wato André Le Nôtre, duk ya maida su aikin Versailles. Mu nan mun san zancen, ba a yin gasa da sarki a gaban sarki. Amma ba shi ya fara kawo son lemo fadar Faransa ba, tun Charles na 8 da ya je yaƙi Italiya a 1494 zuwa 1495 ya ga lambunan Napoli ya dawo da wani mai lambu Pacello da Mercogliano ya ajiye shi a fadarsa ta Amboise, lokacin nan Muhammadu Rumfa ne Sarkin Kano.

Ni a ganina lemo a wannan fada aikin da yake yi irin wanda dawakan zage da laima da kakaki suke yi ne a hawan sallah, nuna isa. Wato a ce ga sarkin da ko sanyi bai hana shi abin da yake so ba. Shi da kansa ya rubuta tsarin yadda za a zagaya da baƙi cikin lambun, inda za a tsaya da inda za a kalla, kuma gidan lemon yana ciki. Akwai abin da yake tsaya min a rai duk sanda na tuna, a watan Fabrairun 1699 jakadan Sarkin Maroko Maulaya Isma'il, wato Abdullahi bin A'isha, ya zo Versailles, tsakiyar sanyi kenan lokacin da bishiyoyin suke kulle a ɗaki, alhali a ƙasarsu irin wannan bishiyar a tsakar gida take tsaye babu mai tsaronta.

Sai dai bazan rufe amsar nan ban faɗi ɗaya ɓangaren ba dan wallahi yana damuna. Kuɗin wannan ƙawa daga harajin talakawa ya fito. A ƙarshen 1689 da yaƙi ya cinye baitulmali sarki yasa aka narkar da kayan azurfar fadar kimanin tan 20, har da tukwanen lemon, aka buga kuɗi dasu. Sannan a 1693 zuwa 1694 aka yi yunwar da ta kashe mutum sama da miliyan 1 a Faransa, mutane suna mutuwa da sanyi da rashin burodi a ƙauyuka su kuma bishiyoyi suna cikin ɗumi. Ina girmama basirar maginan da haƙurin masu lambun ƙwarai, amma wannan lissafin baya min daɗi. Shi kuwa wanda kuke zubarwa a kasuwa, Allah ya kawo mana masana'antun matse shi a kusa, asarar tana da ciwo.

TAMBAYA: Ni malamar firamare ce a Gwammaja. Ɗalibaina sun tambaye ni ko lemo ɗan asalin ƙasar Hausa ne kamar tsamiya da kanya na kasa basu amsa. Kuma na ji wani malami yace lemo ya zo a hadisi, haka ne?

AMSA: Malama sannu da ƙoƙari, Allah ya saka da alheri akan yaran nan. Lemo baƙo ne, sunan ma ya nuna, daga laimun na Larabci muka aro shi. Asalin danginsa yana gindin tsaunukan Himalaya ta gabas, wajen arewa maso gabashin Indiya da arewacin Bama da yankin Yunnan na ƙasar Sin. Kuma abin sha'awa kusan duk ire-iren da muke gani a kasuwa jikokin kakanni ƙalilan ne da suka yi ta barbara a junansu. Akwai mai kaurin ɓawo da Larabawa ke kira utrujj, akwai wani ƙato mai kamar ƙwarya da ake kira pomelo, sai ɗan ƙarami mai saukin ɓarewa dangin tanjarin. Lemun zaƙi da muke sha ɗan pomelo ne da wannan ƙaramin, haka shima mai ɗacin. Shi kuma dogon lemun tsamin nan ruwan ɗorawa ya fito ne daga utrujj da mai ɗaci, ƙaramin lemun tsaminmu na shayi da kunun zaƙi shima ta gefe ɗaya jinin utrujj ne. Mutanen Sin sun daɗe da saninsa sosai, tun 1178 wani jami'insu Han Yanzhi ya rubuta littafi sukutum akansa ya lissafa iri 27.

Maganar hadisi gaskiya ne in dai dangin ake nufi. Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Musa Al-Ash'ari cewa Manzon Allah (SAW) ya misalta mumini mai karanta Alƙur'ani da utrujja, ƙamshinta mai daɗi ɗanɗanonta mai daɗi. To utrujja ba lemun ɓawon da ake yanka mana a bakin titi bace, ita doguwa ce mai gurji-gurjin jiki, yawancinta ɓawo ne fari mai kauri ruwan kaɗan, amma ƙamshinta yana cika ɗaki. Ita ce ta fara fita daga gida ta iso Farisa, har wani Bagirke Theophrastus ya siffanta ta wajen shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Shi lemun zaƙi a zamanin Sahabbai bai iso ƙasar Larabawa ba tukuna.

Wannan wurin nake so ki jaddada wa yara, Musulmi ne suka ɗauko lemo mai ɗaci da lemun tsami suka kai yamma. Malamin tarihi Al-Mas'udi ya rubuta cewa bayan shekara ta 300 da hijira aka kawo naranj daga Indiya aka shuka a Oman, daga nan ya wuce Basra da Iraƙi da Sham. A hankali ya bi Masar da arewacin Afirka ya tsallaka Siƙilliya da Andalus, har yau harabar tsohon babban masallacin Ƙurɗuba a Sifaniya sunanta farfajiyar lemo kuma cike take dashi, a Ishbiliya kuma Ibnul Awwam ya rubuta Kitabul Filaha a ƙarni na 12 yayi bayanin yadda ake renonsa. Sunan ma tare da bishiyar yayi tafiya, naranga a tsohon yaren Indiya, narang a Farisanci, naranj a Larabci, naranja a Sifaniyanci, daga nan Faransawa da Turawan Ingila suka samo nasu sunan. Kinga bishiyar da Louis ya gina wa gida ta hannun manoman Musulmi ta bi kafin ta kai gare shi.

Mai zaƙin shi daga baya ya iso Turai, ƙarshen ƙarni na 15 zuwa na 16, ta hannun fatake 'yan Italiya da kuma 'yan Fotugal bayan Vasco da Gama ya zagaya Afirka ya isa Indiya a 1498. Shi yasa in kika je Saudiyya ko Masar za kiji ana ce masa burtuƙal, sunan ƙasar Fotugal ne ya manne masa, Turkawa ma portakal suke cewa. Matuƙin jirgin ruwa Columbus ya tafi da irinsa tsallaken teku, nahiyar Amurka, a tafiyarsa ta biyu a 1493, yau ga Brazil ita ce kan gaba a duniya wajen nomansa. Tanjarin kuma daga sunan garin Tanja na Maroko ne. In kina so ki ƙara musu da na lafiya, a 1747 wani likitan jirgin ruwan Ingila James Lind ya gwada magunguna akan matuƙa 12 masu ciwon nan da dasashi ke kumbura yana jini haƙora su zube, waɗanda aka ba lemo da lemun tsami su suka miƙe, amma sai 1795 rundunar ruwan ta fara raba ruwan lemun tsami ga kowa, shi kuwa sinadarin bitamin C da yake maganin sai wajen 1932 aka tantance shi.

TAMBAYA: Ni ɗalibi ne daga Kabuga. Me yasa lemonmu kore ne ko ya nuna, amma na manyan kantuna da ake kawowa daga waje jawur? Fenti ake musu?

AMSA: Ƙanena yawanci yanayi ne. Koren da ke jikin ɓawon baya bajewa sai dare ya riƙa yin sanyi sosai, wajen ƙasa da digiri 13, a Masar da Afirka ta Kudu ana samun haka lokacin da lemo ke nuna, a Binuwai kuwa dare da ɗuminsa, sai cikin ya nuna yayi zaƙi bayan yana nan kore ko ɗan fatsi-fatsi. Masu fitar dashi waje kuma sukan saka shi a ɗaki da wata iska da ake kira etilin dan koren ya baje sannan su shafa masa kakin da ke sa sheƙi. Launi ba shine zaƙi ba, kuma lemo ba kamar ayaba ko mangwaro bane, in an tsinke shi ya gama, baya ƙara nuna a ajiye. In zaka saya ɗauki wanda ya fi nauyi a hannu mai santsin ɓawo, shi ne mai ruwa.

TAMBAYA: Gidan haya muke a Ɗorayi, tsakar gidan duk siminti ne. Shekara biyar kenan da na shuka ƙwallon lemo a bokiti, ya girma sai ƙaya amma ko fure bai taɓa yi ba. Maigida yace na cire shi kawai. Akwai dabara?

AMSA: Hajiya kar ki cire, ki ba maigida haƙuri ya ƙara miki lokaci, bishiyar lafiyarta ƙalau ƙuruciya ce ke damunta. Lemon da aka shuka daga ƙwallo yakan kai shekara 7 ko fiye kafin ya fara fure kuma ƙayar nan alamar yarinta ce, a bokiti ma abin ya fi jinkiri. Mafita biyu ce, ko ki nemi masu saida dashe na bakin titi wanda ya iya auren bishiya ya zo ya ɗaura miki idon wata bishiyar da ta riga ta fara haihuwa a jikin taki, ko ki sayi ɗan aure ki ajiye kusa da ita, shi cikin shekara 3 zuwa 4 yake fara bayarwa. In kin bi shawarata ki fara da lemun tsami, ya fi haƙuri da zaman tukunya kuma kullum kina da buƙatarsa a kicin.

Zancen siminti kuwa ki duba amsar da na ba Alhaji a sama, bishiyoyin Versailles ɗaruruwan shekaru a akwati suke rayuwa, kuma dabarun masu lambun can suna miki amfani, bambancin kawai su sanyi suke gudu ke zafi da ƙishi. Bokiti yayi kaɗan, ki samu rabin duro na roba ko babbar randa, na ƙarfe yana ɗaukar zafi a watan Afrilu ya dafa saiwa. A huda gindin da kyau a ɗora akan bulo biyu dan ruwa ya riƙa tsiyayewa, saiwar lemo bata son kwanciyar ruwa ko kaɗan, abin da ya fi kashe shi a gidaje kenan. Ƙasar ki haɗa jigawa da takin shanu ko na tumaki wanda ya riga ya ruɓe, ɗanyen kashin kaji ƙone shi zaiyi. Wurin auren ya zauna sama da ƙasa kar a binne shi, kuma duk tohon da ya fito ta ƙasan auren ki cire, in kin barshi shi zai ƙwace bishiyar. Ban ruwa ki tura yatsa cikin ƙasar, in kin ji saman ya bushe ki zuba har ya fito ta ƙasa, da bazara kusan kullum, da damina wani lokacin ma ba sai kin zuba ba, kuma dan Allah banda ruwan wanki ko na wanke-wanke mai omo. Ki rufa saman ƙasar da busasshen ganye ko ɓawon gyaɗa, ki ajiye ta inda zata sha ranar safe ta samu 'yar inuwa bayan azahar. Akwai wata tsutsa da in tana ƙarama kamar kashin tsuntsu take a kan ganye, 'yar malam-buɗe-littafi ce kuma cin sabon ganye take da sauri, da hannu ma zaki iya tsince ta da safe.

Akwatunan Versailles gefensu buɗewa yake dan a duba saiwa a canja ƙasa ba tare da an tumɓuke bishiyar ba. Ke naki bazai buɗe ba, to duk bayan shekara 3 ko 4 a farkon damina ki samu masu taimaka miki a kwantar da duron a zaro ta da ƙasarta, a rage saiwar da ta nannaɗe a gefe da wuƙa mai kaifi, a zuba sabuwar ƙasa a maida. In ta girma ta kai haihuwa, sai ki gwada dabarar fure, ƙarshen rani ki rage mata ruwa na sati biyu zuwa uku har ganyen ya fara ɗan lanƙwashewa, amma kar ki bari ya zube, sannan ki ƙosar da ita da ruwa da taki. Kuma tunda haya kuke, ranar da Allah ya baku naku gidan sai a ɗora ta a kura a tafi da ita. In tayi fure ki rubuto mana muji.